Neman shawara: karayar ƙwauri ta ƙi warkewa, inshora ta ƙi biya

Mai tambaya, daga Bronx:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Masu aikin lambobin asibiti da lissafin kuɗin magani a nan Amurka, ku taimaka wa ƙanwarku. Ban daɗe da fara aiki a ofishin wani likitan ƙashi ba. Muna da wani dattijo da ya karye a ƙwaurin dama, karayar ta yanke ƙashin a gicciye kuma ya goce, amma bai huda fata ba. An yi tiyata an zura masa ƙarfe a cikin ƙashin. Wata biyar ke nan, har yanzu in ya taka sai ciwo. Zuwansa na ƙarshe likita ya rubuta cewa sabon ƙashin da ya tsiro kaɗan ne, a ci gaba da lura, sannan ya rubuta masa na'urar nan mai aiki da sauti da ake ɗorawa a kan karaya. Na sa lambar karayar, S82.221D, kamar yadda aka saba sa masa. Kamfanin inshorarsa ya dawo da takardar, wai babu hujjar na'urar. Shugabar sashenmu ta ce in mayar da harafin ƙarshe K in sake turawa. Ni dai hankalina bai kwanta ba. D ne daidai, G ne, ko K?

Ɗan Zongo:
Wa alaikumus salam. Ke da aka ba umarni, mene ne na wahalar da kai? Sa K ki tura, bawan Allah ya samu na'urarsa.

Hajiya, daga Houston:
Ɗan Zongo, Allah ya shirye ka. Ƙanwata, kada ki taɓa harafin nan tukuna.

Tun da aka koma ICD-10-CM, littafin lambobin cututtuka na Amurka, a 1 ga Oktoba 2015, harafi na bakwai shi ke faɗin halin da karaya take ciki. A karayar da ba ta huda fata ba, A na lokacin da ake tsakiyar gyara ne, D tana warkewa yadda ya kamata, G tana warkewa amma da jinkiri, K ta tsaya ta ƙi haɗewa, P ta haɗe a karkace. Lambarki ta farko daidai take, S82.221. Matsalar ita ce D ɗin da ke biye da ita yana gaya wa inshora cewa komai lafiya lau, ku kuma kuna neman na'urar da ake ba wanda ba lafiya ba. Ko ni ce a can sai na dawo da ita.

Amma G ɗin ma ba ke za ki zaɓa ba. "Sabon ƙashi kaɗan ne" bayanin abin da ido ya gani ne, ba sunan cuta ba ne. Mu ba ma fitar da cuta daga hoton ƙashi, ko da mun ga tsagar da idonmu. Rubuta wa likitan tambaya a rubuce: bisa hoton rana kaza da abin da ka gani, yaya za ka kira halin warkewar karayar nan? Ki jera masa duka zaɓin, har da "wani abu daban", kada ki nuna masa wanda inshora ke biya. Abin da ya amsa ya sa hannu a kai, shi za ki sa.

K ba tare da rubutunsa ba kuwa, ƙarya ce a takardar neman kuɗi, kuma ranar bincike sunan wanda ya shigar da lambar ake fara dubawa. Ki ce wa shugabar taki cikin ladabi ta turo miki umarnin ta imel. Galibi a nan maganar ke mutuwa.

Malamin jinya:
Wata biyar a ƙwauri ba abin mamaki ba ne. Gaban ƙashin fata ce kawai a kansa, babu tsoka, jini ba ya isa sosai, musamman can ƙasa wajen idon sawu. Ki duba fayil ɗinsa ko yana shan taba ko yana da ciwon suga. In likita ya rubuta su, a sa lambobinsu a takardar, F17.210 na sigari, dangin E11 na suga. Suna taimaka wa mai duba takardar ya gane dalilin jinkirin.

Mai lissafi, daga New Jersey:
Bari in ɗan kashe miki gwiwa tun da wuri: ko likita ya ce G, ba lallai su biya E0760, lambar na'urar, ba. Ƙa'idar Medicare, inshorar lafiya ta gwamnatin Amurka, ta ce na'urar sauti ba ta shafi sabuwar karaya ko mai jinkiri ba, sai wadda ta ƙi haɗewa. Hujjar da suke so hotuna ne zubi biyu, kowane zubi an ɗauka ta fuskoki daban-daban, tsakaninsu aƙalla kwana 90, da bayanin likita cewa babu ci gaban a zo a gani tsakanin na farko da na biyu. Kamfanoni da yawa wannan suke kwaikwayo, wasu kuma suna da tasu, don haka nemo rubutacciyar ƙa'idar kamfanin nasa. Ki ƙirga kwanakin da ke tsakanin hotunansa biyu na ƙarshe. Na sha ganin takarda ta faɗi saboda an ɗauki hoto mako guda kafin lokaci.

Ɗan uwanku daga Kano:
Ikon Allah. Mu a littafin Hukumar Lafiya ta Duniya babu wannan harafi na bakwai. S82.2 ce karayar, jinkiri M84.2, ƙin haɗewa M84.1.

Hajiya, daga Houston:
Haka ne malam, amma kada ta ara. A littafin Amurka waɗannan biyun ba sa aiki, harafin ne ya maye gurbinsu.

Mai tambaya:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Na tura tambayar, likita ya ƙara rubutu ya ce jinkirin warkewa ne, don haka G. Tsakanin hotunan kuma kwana 90 bai cika ba, an sa masa ranar wani. Saura ɗaya, Hajiya: ya ce in hoton na gaba bai nuna canji ba zai sake shiga ya yi dashen ƙashi. Ranar tiyatar A zan koma?

Hajiya, daga Houston:
A'a. In ya rubuta cewa ta ƙi haɗewa, K ce har a ɗakin tiyata. Ana komawa A ne in mutum bai taɓa neman magani ba sai da abin ya lalace. Lambar aikin kuma ki jira rahoton tiyatar: 27720 in babu dashe, 27724 in daga jikinsa aka ciro ƙashin, kamar ƙugu. Kwana 90 da kuɗin tiyatar farko ya ƙunsa sun riga sun wuce, saboda haka ki duba ko ana cajin zuwansa na yanzu, ko har yau 99024, lambar duba bayan tiyata da ba a caji, ake sa masa.