Na gama kundin waƙoƙina na farko, amma babu ganga a ciki: in sake shi haka?

Mai jan waƙa, Zuru:

Salama gare ku 'yan'uwa. Shawara nake nema, kuma ku yi haƙuri zan ɗan tsawaita.

Shekara 11 ke nan ina jan waƙa a majami'armu a nan Zuru. Na fara ne tun ina cikin matasa, da wani ƙaramin fiyanon Yamaha da aka saya da kuɗin baikon majami'a, wanda har yau akwai maɓalli ɗaya a jikinsa da in ka danna sai ka sa farce ka ɗago shi. Duk waƙar da na taɓa yi, da ƙungiyar mawaƙa muka yi ta. In ja, su amsa, ganga biyu da kacau-kacau, mata na tafi. Bana ne na haɗa waƙoƙi 9 ni kaɗai, daga muryata sai kiɗan sintesaiza. Babu gangar fata, babu 'yan amshi.

Don wanda bai san shi ba, fiyanon da muka saba da shi sautukan da aka ɗauka aka ajiye masa yake fitarwa. Shi kuwa sintesaiza daga tushe yake haifar da sautin, kai ne za ka yi ta sassaƙa shi har ya zama yadda kake ji a ranka, ko ya yi kauri kamar iskar hunturu ko ya yi siriri kamar sarewa. Ni ba ni da na'urar kanta. Manhajar FL Studio nake aiki da ita a tsohuwar kwamfutata, da wata ta kyauta mai suna Dexed, wadda ke kwaikwayon sintesaizan Yamaha DX7 na 1983. Yawancin aikin tsakanin ƙarfe 11 na dare da 2 na yi shi, da batirin sola, bayan janaretocin unguwa sun yi shiru, na rataya bargo a taga.

Ga yadda waƙoƙin suka samo asali. Lokacin da 'yan bindiga suka tayar da ƙauyuka a yankin Danko-Wasagu, iyali biyu suka sauka gidanmu. A cikinsu akwai wani dattijo da ba ya barci. Kowane dare zan fito in same shi zaune a kan kifaffen turmi a tsakar gida, hularsa a gwiwa, ba ya cewa uffan. Ina so in yi masa waƙa, amma ganga ba ta dace da wannan daren ba, kuma yara na barci. Sai na fito da ƙaramar lasifika, na riƙe sauti ɗaya mai tsawo ƙasa-ƙasa, na rera masa Zabura ta 121 a hankali. Da na kai hannu zan ƙara wani kiɗa a kai, sai ya ce, "Ɗana, bar shi haka." Maganar da na fara ji daga bakinsa ke nan cikin kwana huɗu. Sauran waƙoƙin 8 duk daga wannan daren suka biyo.

To, Asabar da ta wuce na kunna wa dattawan ikkilisiya uku da shugabar zumuntar mata. Suka saurara tsaf. Bayan waƙa ta uku sai Mama shugabar ta ɗago kai ta ce, "Ɗana, muryarka ta yi kyau, amma mu ta ina za mu shiga?" Wani Baba kuma ya ce kiɗan ya yi masa kama da na finafinan Turawa. Ba faɗa suka yi mini ba, shi ya sa ma maganar ta tsaya mini a rai. Daga baya na ji cewa wasu 'yan ƙungiya ba su ji daɗi ba, suna cewa shekara 11 muna tare, ranar faifai kuma babu su.

Ina so in fitar da shi kafin Kirsimeti. In sake shi yadda yake, ko in koma in ɗora ganga da amshi a kai?

Mamar zumunta, Yauri:

Ɗana, sannu da ƙoƙari, Ubangiji ya ƙara maka basira. Jikata ce ta karanta mini, ita ce kuma take rubuta amsar.

Ni dai ina bayan wannan Mama taku, kuma na san abin da take nufi. A zumuntarmu akwai mata da yawa da ba su iya buɗe littafin waƙoƙi su karanta ba. Amshi shi ne littafinsu. Abin da aka rera ranar Lahadi da shi mace za ta je shukar shinkafa a bakin kogi, da shi za ta yi daka, da shi za ta lallashi goyonta. Ayoyin da na haddace tun ina yarinya, rabinsu ta bakin amshi suka shige ni. In waƙa ba ta da inda za mu karɓa, za mu ce ta yi daɗi, amma a majami'a za mu bar ta, ba za ta biyo mu gida ba.

Kada ka ɗauka na'urar nake ƙi. Iyayenmu sun ba mu labari cewa ita kanta gangar da muke taƙama da ita yau, akwai lokacin da ba a yarda ta shiga majami'a ba, ana ganin kayan tsafi ce. Sannu a hankali ta shiga. Zabura ta 150 ma ba ta bar kayan kiɗan zamaninta ba, ƙaho da garaya da ganga da sarewa da kuge duk ta kira su. Abin da nake riƙe da shi maganar Manzo Bulus ce a 1 Korantiyawa 14:15, a rera da ruhu, a rera kuma da fahimta.

Waƙar da ka yi wa dattijon nan kada ka taɓa ta. Na yi zaman makoki da yawa, na san akwai daren da ganga ba ta da wuri. Amma cikin 9, ka ba mu ko biyu da za mu iya ɗauka.

Sai maganar 'yan ƙungiyarka, wadda ta fi damuna. Kada su ji faifan nan a wayar wani. Ka je da ƙafarka ka zauna da su, ka faɗa musu labarin turmin nan yadda ka faɗa mana. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka, kuma bayan Kirsimeti su ne dai za ka juya ka kalla in ka ja waƙa.

Mai situdiyo, Gusau:

Malam, ni Musulmi ne, aikina ɗaukar sauti. Mawaƙan bege da na biki da na siyasa duk suna shigowa wurina, 'yan majami'a ma kan zo. Ba zan sa baki a maganar ibadarku ba, amma ta fuskar sana'a ina da abin faɗa.

Kada ka ɗora ganga a kan waƙar da aka riga aka gama ba da ita ba. Na sha yi wa mutane don sun matsa, kuma kullum kunne na ganewa, kamar faci a sabuwar riga. Mai ganga numfashinsa daban ne da na kwamfuta, yakan ɗan ja baya, yakan ɗan yi gaba, a nan daɗin yake. In kana son waƙa mai ganga, ka sake ta daga farko, a fara ɗaukar ganga da amshi, sannan ka zuba sintesaiza a ƙarƙashinsu.

Maganar Baba cewa kiɗan Turawa ne, akwai gaskiya a ciki amma ba duka ba. A Amurka Robert Moog ya fito da na'urarsa a 1964, wannan haka ne. Sai dai tun 1978 Mamman Sani ya ɗauki kaset a Yamai da ogan na lantarki, kuma in ka ji shi ba ka cewa kiɗan Bature ne. William Onyeabor a Enugu ya yi ta fitar da fayafayai da sintesaiza daga 1977 zuwa 1985. Mu nan arewa kuwa, waƙoƙin finafinan Hausa a kan fiyanon Yamaha PSR suka tashi. Abin da kunnen Baba ya kama, ina zato, ba na'urar ba ce, zubin karin ne. Yawancin kiɗanmu na gargajiya a kan muryoyi 5, wato matakan sauti, yake tafiya, su kuwa waƙoƙin yabo na ƙasashen waje da matasa ke koyi da su a kan 7 suke, da haɗe-haɗen muryoyi masu sauyawa kowane layi. Ka gwada wani abu: ka ɗauki waƙa ɗaya ka buga karinta a baƙaƙen maɓallai kawai, waɗanda ke ba da muryoyi 5 ɗin nan, ka riƙe murya ɗaya a ƙasa kamar yadda ka yi wa dattijon. Za ka ji ta dawo gida.

Sannan ka kula da Hausar kanta. Harshenmu yana da hawa da sauka, yana da dogon wasali da gajere. In kari ya sa ka ja gaɓar farko ta "gari", ka tashi daga garin da ake zama ka koma garin tuwo, kuma tsofaffi za su ji ko ba su faɗa ba. Auto-Tune, kayan gyara murya a kwamfuta wanda ya fito a 1997, in aka matsa shi da yawa yakan goge 'yar lanƙwasar da ke tsakanin gaɓa da gaɓa. Amsa-kuwwa kuma in ta yi yawa takan haɗiye ɗ da ɓ da ƙ. Ka saurari Musa Ɗanƙwairo na Maradun, ka lura da yadda kotso ke ba magana wuri, ko kalma ɗaya ba ta ɓacewa.

Kafin ka saki komai, ka ji shi a ƙaramar waya mai maɓalli da rediyon mota. Mutanenmu da su suke saurare. Lasifikar waya ba ta iya fitar da sauti mai zurfi sosai, don haka in nauyin waƙarka duk a can ƙasa yake, muryarka za ta fito tsirara.

Ɗaliba, Birnin Kebbi:

Yaya, don Allah ka sake shi. In zan yi addu'a da dare a ɗakin kwanan ɗalibai, waƙoƙin Turanci nake sa wa a kunne, ba don na fi son su ba, sai don na Hausa da nake da su duk na rawa ne, kuma abokan ɗakina na barci. Na daɗe ina neman irin wannan da harshenmu. Ka sa a shafin waƙoƙi na Audiomack, ka kuma yi ƙananan MP3 da za a iya turawa ta WhatsApp ba tare da cin data ba.

Mai jan waƙa, Zuru:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka muku.

Mama, na bi maganarki. Jiya Alhamis bayan koyon waƙa na roƙi 'yan ƙungiya su tsaya, na ba su labarin tun daga farko, na kuma nemi gafararsu don ban faɗa musu da wuri ba. Mai bugun gangarmu, wanda ya fi kowa jin haushi, ya daɗe bai ce komai ba, sannan ya ce ƙanwar mahaifiyarsa ma tana cikin waɗanda suka gudo a lokacin. Da na kunna ta bakwai, ban ankara ba sai na ji wata 'yar'uwa ta ciro layi ɗaya tana maimaitawa, sauran suka karɓa. Ashe amshin yana ciki, ni ne ban gan shi ba. Mun tsayar cewa ta bakwai da ta tara za mu sake su tare daga tushe, sauran 7 su tafi babu ganga da amshi.

Malam na Gusau, na gwada a wayar mahaifiyata, kuma abin da ka faɗa ya faru. A waƙa ta biyu da ta biyar kiɗan ƙasan ya ɓace gaba ɗaya. A ta shida kuma inda na ce "Ɗan Allah", amsa-kuwwa ta cinye farkon kalmar. Na rage ta, na kuma cire Auto-Tune daga waƙoƙi uku, zan sake rera su da muryata yadda take. Gwajin baƙaƙen maɓallan ma na yi, na kunna wa Baban nan, ya ce wannan kam ya ji ta.

Ta farkon ban taɓa ta ba. Dattijon ya koma ƙauyensu tun kafin damina, na riga na sa masa ita a mimori, direban da ke zuwa kasuwarsu zai kai masa.

Saura tambaya ɗaya, Malam. Ba mu da kuɗin ɗaukar mutum 14 zuwa situdiyo, a majami'a za mu yi, kuma rufin kwano ne babu silin. Makirufo biyu kawai gare ni. Yaya zan tsayar da mawaƙan, kuma a ina zan ajiye masu ganga don kada su danne muryoyin?