Tawadar da ke haske a cikin duhu: daga ina haskenta zai fito?

Mai Alƙalami:
Assalamu alaikum. Ina rubuta ƙagaggen labari game da wata al'umma da ke zaune a kogunan ƙarƙashin ƙasa, inda rana ba ta leƙawa, kuma marubutansu suna amfani da wata tawada da ke haske da kanta, har mutum ya karanta wasiƙa ba tare da fitila ba. Da na kai babi na huɗu sai na ga tawadar ba ta da wata ƙa'ida: a wani wuri haskenta ya mutu cikin dare ɗaya, a wani wurin kuma an buɗe littafin da ya shekara 300 yana nan yana walƙiya. Ina neman shawara a kan abin da zan ɗora haskenta a kansa, domin mai karatu ya gaskata.

Malam Na-Gefe:
Wa alaikumus salam. Ɗan'uwa, fara da tambayar inda hasken yake samun ƙarfinsa, domin ko a duniyarmu duk abin da ke haske a duhu akwai inda yake ɗebowa. A farkon ƙarni na 17 wani mai ɗinkin takalma a Bolonya ta Italiya, Vincenzo Casciarolo, ya gasa wani dutse, sai ya ga idan ya sha rana yana haske da dare. Wannan haske ne na ajiya, ana cika shi kuma yana ƙarewa, kuma irinsa ne ke jikin alamomin da ke nuna ƙofar fita idan wuta ta ɗauke. Akwai kuma na halittu masu rai, kamar ƙwaron nan mai walƙiya da dare, wanda sinadarin jikinsa ke haɗuwa da iskar oksijin ya ba da haske marar zafi.

Na uku shi ne mai ban tsoro. Bayan Marie da Pierre Curie sun gano sinadarin radiyam a 1898, an riƙa gauraya shi da fenti ana shafa wa lambobin agogo domin su yi haske a duhu ba tare da sun sha rana ba. 'Yan matan da suka yi wannan aiki a Amurka wajen shekarun 1920 sukan gyara tsinin buroshi da leɓensu, kuma da yawansu sun kamu da ciwon da ya cinye ƙasusuwan muƙamuƙinsu, wasu suka rasu. Idan kana son tawadar da ba ta bukatar rana, ka tuna cewa marubutanka ne za su biya da lafiyarsu.

Malama Mai Zane:
Ni na taɓa gwada garin sinadarin nan mai hasken ajiya a zane, kuma abin da ya fi ba ni wahala shi ne gari ne, ba ya narkewa kamar launi. Idan ka kwaɓa shi da ƙaro ka ajiye minti kaɗan, sai ya kwanta a gindin kwalba, ka tsoma alƙalami ka ɗebo ruwa kawai. Idan kuma ka niƙa shi ya yi laushi don ya bi bakin alƙalami, haskensa sai ya ragu. Saboda haka marubutanka za su riƙa girgiza kwalba kafin kowane layi, haruffansu za su yi kauri, kuma wanda ya shafa takardar da yatsa zai ji tudun rubutun. Ka sa irin wannan a labarin, Malam, domin mai karatu ya fi gaskata abin da ya ga ana shan wahalarsa.

Abu Hafsa:
Na yarda da su, amma ina tsoron kada ka mai da labarinka darasin kimiyya. Duniyar taka ce, kana iya cewa hasken daga gansakukar kogo yake, ba wanda zai nemi hujja. Abin da ba za a yafe maka ba shi ne saɓa wa ƙa'idar da kai da kanka ka kafa. Sannan ka duba abin da ƙa'idar za ta jawo: a garin da duhu ya rufe, wasiƙar da ke haske ba ta ɓoyuwa, don haka ɗan aike zai bukaci jakar fata mai kauri, kuma mai gadi zai gane mai ɗauke da saƙo tun daga nesa.

Mai Alƙalami:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Na tsayar da shawara cewa tawadar mai rai ce, daga gansakuka ake tatso ta, tana barci idan ta bushe, tana farkawa idan an huro mata numfashi mai ɗumi, kuma kowace farkawa tana rage mata ƙarfi. Littafin mai shekara 300 yana haske ne domin ba a taɓa buɗe shi ba, wasiƙar kuwa ta mutu saboda matar da aka aiko wa ta kwana tana maimaita karatunta. Yanzu zan koma babi na biyu in gyara wurin da na ce sarki yana sa a karanta masa dokokin kakanninsa kowace safiya.