Hasken fim ɗina yana rawa, ya zan yi?

Salamu alaikum 'yan'uwa masu harkar fim. Ina haɗa gajeren fim na minti 7, babu magana ko ɗaya: wani ma'aikaci a Kano, kullum kaya iri ɗaya da na kowa, yana cikin cunkoso amma shi kaɗai. Fitowar da na fi so, inda yake ofis da dare yana kallon shayinsa na hucewa, ita ce ta lalace. Na ɗauka da waya a firam 30 (hoto 30 a kowane sakan), wutar lantarkinmu kuwa haz 50 ce (zagaye 50 a sakan), ba su dace da juna ba, sai baƙaƙen layuka ke ta gangarowa a hoton. Deflicker (abin cire rawar haske) na manhajar tace bidiyo ta DaVinci Resolve sai a na kuɗi. Sake ɗauka a firam 25, wanda ya dace da wutarmu, kuma ba hali, jarumin ya aske gemu (oho wa ya aike shi). Don Allah akwai dabarar gyarawa kyauta?