Muhawara Kan Cire Tamostat Daga Injin Mota

Mai Corolla: Assalamu alaikum. Abin da ake yi wa motocinmu a garejoji ya kai ni maƙura. Da zarar mota ta fara zafi, sai a zare tamostat, wato bawul ɗin da ke daidaita zafin ruwan inji, a jefar, a haɗa fanka kai tsaye da makunni, sannan a ce maka wai don ƙasashen sanyi aka yi shi. Haka aka yi wa Corolla ɗina ƙirar 2005 ba tare da an shawarce ni ba. Tun daga nan allurar geji ta daina tashi idan na hau babban titi da safiyar hunturu, shan mai ya ƙaru, fitilar inji ta kama, da aka jona kwamfuta kuma ta nuna lambar P0128, wato ruwan injin ba ya kaiwa zafin da ake buƙata. Duk da haka a cunkoson rana motar ba ta daina zafi ba, domin ainihin ciwon yana cikin lagireton da tsatsa ta toshe da kuma murfinsa da ya saki.

Bayan an wanke lagireto an sauya murfi, a gida na mayar da tamostat da hannuna. Na bari motar ta kwana ta huce, na tsiyaye ruwan a roba, na bi tiyon ƙasa har inda ya haɗu da inji, na kwance noti biyu da sifana mai lamba 10, na tarar da gurbin wayam. Kafin in saka sabon sai da na jefa shi a tukunyar ruwa a kan wuta tare da ma'aunin zafi, ya fara buɗewa a wajen digiri 82 kamar yadda aka buga a jikinsa. Na sa masa sabuwar roba, na juya ƙaramin hujinsa ya kalli sama domin iska ta samu mafita, na ɗaure notin ba da ƙarfin tsiya ba, na zuba ruwan sanyaya inji, na bar motar tana aiki da hita a kunne har kumfar iska ta ƙare. Mai aikin wayarin ya mayar da fanka yadda take. Yanzu allura tana tsayawa a tsakiya. Don haka nake cewa cire tamostat jahilci ne, kuma lokaci ya yi da za a daina shi.

Tsohon Bakanike: Wa alaikumus salam. Malam, ina taya ka murnar gyaran motarka, amma kalmar da ka rufe da ita ba ta dace da kai ba. Mutumin da ya sauke Alƙur'ani a makarantar allo, ya shafe ƙuruciyarsa a ƙarƙashin mota yana koyon sana'a a hannun ubangidansa, yake ciyar da iyali da guminsa, shi ne yau za a kira jahili saboda wani ƙarfe da bai cika tafin hannu ba? Tun kafin ka mallaki mota muke sauke inji muna mayarwa.

Mai Corolla: Baba, aikin na kira jahilci, ban ambaci sunan kowa ba.

Tsohon Bakanike: Ɗana, aiki ba ya yin kansa. Wanda ya zagi aiki ya zagi hannun da ya yi shi.

Malamin Fasaha: Ina roƙon Baba ya yi haƙuri. A fahimtata abin da Malam yake nufi shi ne rashin sani a kan abu guda, kuma babu wanda ya fi ƙarfin wannan, shi ya sa aka ce rashin sani ya fi dare duhu. Mu koma kan abin da ake magana. Tamostat bawul ne da ke tsakanin inji da lagireto, a cikinsa akwai kakin da ke narkewa ya kumbura idan ruwa ya yi zafi, sai ya tura bawul ɗin ya buɗe. Aikinsa shi ne ya hana ruwa zuwa lagireto har sai injin ya ɗumama, daga nan ya riƙa buɗewa da rufewa yana riƙe zafin a wajen digiri 80 zuwa 95. Ko a Sakkwato ko Maiduguri a watan Afrilu, inda zafin gari ke wuce digiri 40, wannan zafin wajen rabin abin da injin ke nema ne kawai. Motocin da ake sayarwa sababbi a Saudiyya da Dubai duk da tamostat suke zuwa, kuma babu wanda zai ce can ƙasar sanyi ce.

Direban Haya: To ga shi nan, Malam ya zo ya ƙara gishiri. An ce jahilci, kai ka ce rashin sani, ina bambancin? Ku 'yan boko haka kuke, idan kun zagi mutum sai ku kawo ƙamus. Ni hanyar Kano zuwa Maiduguri nake bi, ta Potiskum da Damaturu, da fasinja da kaya har saman mota, kuma babu tamostat a motata tun ranar da na saye ta. Ban taɓa kwana a daji saboda zafin inji ba. Wanda bai taɓa tuƙa mota cike da mutane da tsakar ranar bazara ba, kada ya koya mini yadda ake lallaɓa inji.

Malamin Fasaha: Yallabai direba, ban raina wahalarka ba, amma rashin kwana a daji ba shi ne shaidar lafiyar inji ba. Injin da ke aiki a sanyaye yana cin kansa a hankali: baƙin mai ba ya yin zafin da zai kori tururi da fetur ɗin da ya zirara cikinsa, sai ya yi dauɗa, sassan ciki su riƙa saurin cinyewa. Ka lissafa man da kake sha.

Direban Haya: Man da nake sha tsakanina ne da mai mota, ba a aji ake lissafa shi ba. Iyayenmu sun tuƙa Peugeot 504 da aka harhaɗa a Kaduna tsawon shekaru, kanikawa suna cire wannan abin, motocin kuma suna kai mutane Legas su dawo. Su ma jahilai ne ke nan?

Malamin Fasaha: Waɗancan motocin kafireto ne ke haɗa musu fetur da iska, ba su da kwamfutar da ke sauraren zafin ruwa. Mota irin ta Malam tana da na'urar da ke gaya wa kwamfuta zafin injin, idan ta ce da sanyi sai kwamfuta ta ƙara feshin fetur. An cire tamostat, an bar fanka tana juyawa ba tsayawa, kwamfuta za ta daɗe tana zaton injin bai ɗumama ba. Ban da haka, a injuna da yawa tamostat yana da faifai na biyu wanda ke toshe gajeriyar hanyar da ruwa ke bi ya koma inji ba tare da ya ratsa lagireto ba. Idan aka cire shi, wannan hanya tana nan a buɗe har abada, wani kason ruwan zafi ya riƙa kewayawa bai sha iska ba.

Tsohon Bakanike: Malam, duk wannan na ji, kuma ba yau na fara ganin cikin tamostat ba. Amma ka faɗi ɗaya ɓangaren. Idan ya maƙale a buɗe, asarar mai ce kawai. Idan ya maƙale a rufe, cikin 'yan mintoci ruwa ya tafasa, gasket ɗin kai ya ƙone, kan silinda ya lanƙwashe, ruwa ya haɗu da baƙin mai. Wa ake zagi a ranar? Bakaniken da ya saka shi. Masu mota suna ɗura ruwan rijiya da na burtsatse a lagireto har ciki ya yi ja da tsatsa, idan ka ce su sayi ruwan sanyaya inji su ce kana son cutarsu, sannan kasuwa cike take da jabun kaya waɗanda ba sa buɗewa a kan lokaci. Mutumin da ya auna duk wannan ya zaɓi ƙaramar asara domin ya kare babba, shi ake kira jahili?

Mai Kayan Gyara: Oga, a nan zan tsaya. Kada a wanke laifi a goga mana. A shagona akwai na asali a kwalinsa, akwai mai araha, kuma ina faɗa wa kowa bambancin. Yaranku ne ke zuwa su ce a ba su mai arahar, su ce a rubuta musu kuɗin na asali a takarda. Idan ana neman inda matsalar take, a fara dubawa daga gareji.

Tsohon Bakanike: Alhaji, ka ji tsoron Allah. Yaron wa ka gani? Wanda ya shigo da jabu ƙasar nan ya jera shi a kanta shi ne tushen ɓarna, ba yaron da aka aika da kuɗin da bai isa ba. Sau nawa ake mayar muku da kaya ku ce an riga an ɗaura ba ku karɓa?

Mai Kayan Gyara: Kayan da aka ɗaura aka shafe da gam ba ya komawa kwali, wannan ƙa'idar kasuwa ce daga Ƙofar Ruwa har Panteka. Kuma ba mu muke shigo da su ba, sara muke yi kamar kowa.

Hajiya Mai Honda: Don Allah iyayena da yayyena, ni tambaya ce da ni. Motata 'yar Kwatano ce, allurarta tana hawa sama a cunkoso, ta sauka idan na samu hanya. Yaya zan gane ko tamostat ne kafin in kai ta a cire mini wani abu?

Malamin Fasaha: Hajiya, zafin da ke zuwa a cunkoso ya tafi a kan hanya ya fi nuna fanka ko ƙarancin ruwa ko datti a lagireto. Da safe kafin a tayar da motar ki duba ruwan, sannan a tayar da ita a tsaye. Idan tiyoyin lagireto biyu suka fara ɗumi tare da injin tun daga farko, tamostat a buɗe yake ko babu shi. Idan allura ta wuce tsakiya tana hawa amma lagireto da tiyon ƙasa suna nan da sanyi, mai yiwuwa ya maƙale a rufe, sai a kashe motar nan take. A kula da fanka da bel lokacin taɓa tiyo. Kada a kuskura a buɗe murfin lagireto injin yana da zafi, domin ruwan a matse yake, zafinsa kan wuce digiri 100 bai tafasa ba, kuma yana buɗewa zai yi tsartuwa ya ƙona fuska. Ruwan sanyaya injin da aka tsiyaye guba ne mai zaƙi, a kawar da shi daga yara da dabbobin gida.

Direban Haya: Hajiya, ki kai wa bakanikenki ya duba, kada ki biye wa masu gyara da baki. Kuma Honda daman ba ta jure zafi kamar Toyota, kowa ya sani.

Hajiya Mai Honda: Malam direba, ban tambayi wace mota ta fi ba. Wannan motar ta kai ni asibiti da makarantar yara shekara da shekaru, ba zan zauna a kushe ta ba. Mai Corolla ai Toyota ce da shi, ga shi nan shi ya fara kawo kuka.

Mai Corolla: Ana ta zagaye ana barin maganar. An cire wani abu daga motata ba da izinina ba, an karɓi kuɗina, ciwon kuma yana nan. Da an ce mini tamostat ya lalace, an cire shi ne don in isa gida in sayo wani, da ban ce uffan ba. Abin da aka ce mini shi ne ba shi da amfani a Najeriya, kuma wannan magana ba gaskiya ba ce. Baba bai musa wannan ba, Alhaji bai musa ba. Ba zan janye kalmata ba sai an nuna mini kamfanin mota ɗaya da ya ce a cire shi a ƙasar zafi.

Tsohon Bakanike: Kai kuma ka nuna mini kamfanin da ya san irin ruwan da ake zubawa a lagireto a garin nan. Tunda ka ƙi janyewa, na bar ka da Allah, amma ranar da mota ta tsaya maka a hanya, wanda ka kira jahili shi za ka nema.

Mai Kula da Zaure: Jama'a, a nan za mu tsaya, ga abin da na fahimta. Ni a gareji na tashi, mahaifina da wannan sana'a ya rene mu, don haka na san abin da Baba yake faɗa daga tushe. Muhawarar ta nuna cewa cire tamostat dabara ce ta mutanen da suka san yanayinmu, suka san ruwanmu da kasuwarmu, kuma shaidar direba, wanda ke kan hanya kullum, ta tabbatar da haka. Malamin Fasaha ya kawo bayanan littafi, muna godiya, wanda yake da halin sayen na asali da ruwan sanyaya inji yana iya bin su. Zargin da Alhaji ya yi wa yaran gareji bai zo da hujja ba, don haka ba za a ɗauke shi ba. Hajiya ta kai motarta wurin bakanike amintacce ya duba fanka. Mai Corolla ya yi ƙoƙari wajen gyaran motarsa, amma kalmar jahilci ita ce ta ɓata zaman, kuma ina neman ya ba Baba haƙuri a fili kafin gobe da azahar. Idan bai yi ba, zan cire saƙonsa na farko gaba ɗaya.