Gem yana tafiya sumul a wurina, amma masu kallo a Discord suna ganin yana cijewa

Sabon Shiga: Assalamu alaikum 'yan'uwa. Don Allah masana a taimaka min. Ina buga Apex Legends a kwamfutar tebur, kuma nakan haska wa abokaina wasan kai tsaye ta Discord, manhajar hira da murya da bidiyo. Da zarar an shiga musayar wuta sai su ce hoton yana cijewa, ya tsaya ya yi tsalle, har ba sa gane wa ya harbi wa. Ni kuwa a wurina FPS, wato yawan firem ko hotunan da gem ke nunawa a kowace daƙiƙa, yana yawo tsakanin 105 da 120, kaɗan yake sauka idan na fara haskawa. Muryata suna jin ta ras. Abin da ya fi ɗaure min kai, idan ina tsaye a lobi, wato wurin jira kafin a fara wasa, sai su ce komai ya daidaita.

Kayan aikina: farfesa (processor, wato ƙwaƙwalwar kwamfuta) Ryzen 5 3600, katin hoto GTX 1660 Super, RAM giga 16, Windows 11. Allo biyu ne, babban 1080p mai 144Hz, ƙaramin mai 60Hz wanda nake ajiye Discord a kansa. Da Wi-Fi nake amfani, kuma ba ni da Nitro, wato tsarin Discord na biyan kuɗi. Na sabunta direban kati, na goge manhajar Discord na sake saka ta, shiru kake ji. Nitro zan saya, ko katin ne ya gaji?

Gwanin Bindiga: Wa alaikumus salam. Netwok ne ɗan'uwa, kada ka wahalar da kanka. Mai haska gem ba ya zama a kan Wi-Fi. Nemi kebul ka jona kai tsaye da rauta. Kuma mutane suna duba saurin saukewa su ce intanet ɗinsu na da ƙarfi, alhali haskawa saurin turawa take ci.

Ɗan Takaice: Shiga setin Discord ka kashe duk wani Hardware Acceleration da ka gani. Ni haka na yi.

Sabon Shiga: Na kashe, guda biyu na samu. Yanzu abin ya ƙara lalacewa, ni kaina gem ɗin ya sauko wajen 80 kuma yana fizga, fankar farfesa sai ihu take.

Yaya Injiniya: Ƙanena, mayar da ɗaya daga ciki tukuna. Sunansu ɗaya amma aikinsu daban. Wanda ke sashen murya da bidiyo, kusa da maganar H.264, shi ke ba wa katin hoto aikin matse bidiyon da kake turawa. Katinka yana da wani ɓangare da aka keɓe don wannan aikin kaɗai, NVENC, kuma na GTX 1660 Super mai kyau ne. Da ka kashe shi sai aikin ya koma kan farfesa, wadda dama tana fama da lissafin gem. Shi ya sa fanka ta tashi. Kunna wannan. Ɗayan kuwa na zana fuskar manhajar ce kanta, rubutu da hotuna masu motsi, shi ne wanda wasu ke kashewa su ga ɗan sauƙi. Ina zaton shi Ɗan Takaice yake nufi.

Bayan ka kunna, buɗe Task Manager, shiga Performance, danna GPU, ka ja tagar zuwa ƙaramin allo. Fara haskawa ka shiga wasa sosai, ba lobi ba. Ka faɗa min abin da jadawalin 3D yake nunawa da na Video Encode.

Sabon Shiga: Na yi, Yaya. 3D ya manne a 98 zuwa 99 cikin ɗari ba ya motsi. Video Encode kuwa ɗan kaɗan ne, yana can ƙasa.

Yaya Injiniya: To ga matsalarka nan. Katin bai gaji ba, kai ne ka sakar masa linzami. Gem ɗin yana ƙoƙarin kai wa 144, katin ba ya iya kai wa a setin da ka ɗora, saboda haka duk ƙarfin da yake da shi yana ƙarewa a kan zana firem na gaba. Mutane suna ɗauka tunda NVENC ɓangare ne mai zaman kansa, haskawa ba ta taɓa gem. Matsewar ce kawai take faruwa a can. Kafin hoto ya isa wurinsa sai an kwafo shi daga gem, an rage shi daga 1080p zuwa 720p, an sauya tsarin launinsa zuwa irin wanda bidiyo ke amfani da shi. Wannan share fagen da ƙarfin katin ake yin sa, wanda gem ya riga ya cinye. Windows kuma tana fifita tagar da ke gabanka. Sai ya zama kai kana samun firem 110, Discord yana tsaye a layi yana jiran ragowa. Duk firem ɗin da bai samu a kan lokaci ba ya wuce ke nan, abokanka su ga tsalle.

Ka yi lissafi da kanka. Haskawa a firem 30 na nufin dole a kamo hoto ɗaya duk bayan milisakan 33. Gem mai gudu a 110 yana ɗaukar wajen milisakan 9 a kan kowane firem, kuma yana gama ɗaya yake cafkar na gaba, babu tazara. Idan ka ƙayyade shi a 90, kowane firem yana da milisakan 11, katin ya gama a 9, ya sami kusan 2 na hutu. A wannan ɗan hutun haskawa take rayuwa.

Yadda za ka yi: idan ta manhajar gem ta Steam kake buɗe Apex, shiga bayanan gem ɗin, a wurin umarnin farawa ka rubuta +fps_max 90. Ko ka buɗe NVIDIA Control Panel ka sa Max Frame Rate, wanda yake nan tun direbobin farkon 2020. Abin da kake nema shi ne 3D ya sauko ƙasa da 90 cikin ɗari a tsakiyar faɗa. In 90 bai wadatar ba sauko 80, ko ka rage inuwa da nisan gani a setin hoto ka bar lambar yadda take.

Batun Nitro kuwa, ajiye kuɗinka yanzu. Asusun kyauta iyakarsa 720p a firem 30, Nitro yana ɗaga rufin har 4K a firem 60. Rufi yake ɗagawa, ba ya ƙara wa katinka ƙarfi. Hoton 720p ɗigo 921,600 ne, na 1080p kuwa 2,073,600. Idan ka haɗa da ninka firem daga 30 zuwa 60, aikin ya ninka huɗu da rabi. Wanda ya kasa ɗaukar na farko, me zai yi da na biyu?

Gwanin Bindiga: Yaya, ban ƙi taka ba, amma lobin nan ba hujja ba ce. Hoton da ba ya motsi data kaɗan yake ci, ko netwok mara ƙarfi zai tura shi lafiya. Faɗa ne ke cika layi. Don haka tawa ma tana nan daram.

Yaya Injiniya: Gaskiyarka, lobi kaɗai ba ya raba gardama. Abin da zai raba shi ne kamannin lalacewar. Idan layin turawa ya yi ƙanƙanta, manhajar takan rage ingancin hoto, ka ga ya dushe, ya farfashe gida-gida, murya ta riƙa yankewa ko ta koma kamar ta mutum-mutumi. Idan kuma kati ne ya cika, hoton yana fita tas amma firem ɗin ƙalilan ne. Ya ce muryarsa ras take, ga kuma 99 a Task Manager. Sabon Shiga, tambayi abokanka hoton dushewa yake ko tsalle kawai. Kebul ɗin ma ka nema, ba zai taɓa zama asara ba, in kuma bai samu ba ka tabbata kana kan zangon 5GHz ba 2.4 ba.

'Yar Gem: Ƙari a kan na Yaya, duba abubuwan da ke naɗar bidiyo a ɓoye. Instant Replay na NVIDIA da naɗar bayan fage ta Xbox Game Bar, kowanne in yana kunne yana kwafar allonka muddin kana wasa, ko ba ka taɓa danna ajiye ba. Ka haɗa su da Discord, an zama uku a kan kati ɗaya. Ƙaramin allon nan ma a lura da shi, in akwai YouTube a buɗe ko kana kallon kyamarar abokai, duk katin ne ke ɗauka. Sannan wajen zaɓar abin haskawa ka zaɓi gem ɗin kansa maimakon allo gaba ɗaya, kuma ka gwada shi a yanayin taga mara baki (Borderless Window) idan cikakken allo yana ba ka matsala.

Masu laftof da ke karantawa, naku da ɗan bambanci. Ku jona caja kafin komai, yawancinsu suna rage wa kati ƙarfi a kan batir. Kuma mai kati biyu, na cikin farfesa da babba, ya shiga setin hoto na Windows ya duba wanne aka ba Discord. A gwada duka biyun, domin wani lokaci barin sa a ƙaramin ya fi, tunda na Intel yana da nasa mai matse bidiyo, Quick Sync.

Ɗan Takaice: Eh, na fuskar manhaja nake nufi. Ban san guda biyu ba ne.

Sabon Shiga: Alhamdu lillahi. Sun ce tsalle ne kawai, hoton bai taɓa dushewa ba. Na sa 90, na rage inuwa, na kashe Instant Replay wanda ashe a kunne yake. 3D yanzu yana wasa tsakanin 80 da 88, kuma sun ce suna bin faɗan daga farko har ƙarshe. Abin mamaki ni ma hannuna ya fi jin daɗin 90 tsayayye a kan 120 mai hawa da sauka. Allah ya saka da alheri, Yaya, da ke 'yar'uwa.

Mai Leƙe: Yaya Injiniya, a taimaka da tawa. RX 6500 XT gare ni, na ƙayyade firem kamar yadda ka ce amma farfesa ce ke cika idan ina haskawa, kuma ban ga Video Encode yana motsi ba.

Yaya Injiniya: Ba zai motsa ba ɗan'uwa, wannan katin da ƙanensa RX 6400 an yi su ne ba tare da ɓangaren matse bidiyo ba, haka GT 1030 a ɓangaren NVIDIA. Duk matsewar a kan farfesa take. Faɗa min wace farfesa gare ka. Idan tana da nata katin hoto a ciki, a kunna shi a BIOS, wato setin farko da ake shiga kafin Windows ta buɗe, a gwada ba wa Discord shi. Idan babu, tsaya a 720p, ka sauke haskawar zuwa firem 15 in gem ɗin ba mai gudu ba ne, ka rufe burauza kafin ka fara.