Sana'ar "kiɗan mafarki" a ƙagaggen labari: yaya zan tsara ƙa'idojinta?

'Yar Tudun Wada:
Assalamu alaikum. Ina rubuta labari a kan wata zuri'a a birnin Zazzau da ta gaji sana'ar da na sa wa suna "kiɗan mafarki": makaɗi ya zauna kusa da mai barci, ya juya masa mafarki da sauti. Sana'ar ƙirƙira ce, amma ina so ta dace da yadda barci yake a zahiri. Yaushe zai yi kiɗan, da wane abin kiɗa, kuma me zai iya ɓata aikin?

Na Samaru:
Wa alaikumus salam, 'yar uwa. Ki fara da lokaci. Barci zagaye yake yi, kowane zagaye kamar minti 90. Mafarki mai tsawo yakan zo ne a matakin da ƙwayar ido ke motsi ƙarƙashin fatar ido. A zagayen farko matakin bai cika wuce minti 10 ba, amma gab da asuba yakan kai rabin awa ko fiye. Don haka makaɗinki ba zai taɓa komai ba a farkon dare. Zai zauna da fitila mara haske sosai yana kallon idon mai barcin, sai ya ga motsin sannan ya fara.

Ɗaya ƙofar ita ce gyangyaɗi. A 2020 masu bincike a jami'ar MIT ta Amurka sun riƙa maimaita wa mutane kalmar "bishiya" daidai lokacin da barci ke ɗaukarsu, akasarinsu kuma suka ga bishiya a mafarki.

Kuma sauti ba ya shiga yadda yake, kama yake sauyawa. Alfred Maury, Bafaranshe na ƙarni na 19, an goga almakashi a jikin ƙarfe kusa da kunnensa, shi kuwa ƙararrawa ya ji a mafarki.

Ɗan Ƙofar Doka:
Batun kayan kiɗa, ki cire algaita da kakaki, farkar da mutum za su yi nan take. Gurmi ko sarewa a hankali sun fi. Ni dai kalangu zan ba babban gwanin zuri'ar, domin idan aka matsa tsarkiyarsa a hammata yana bin hawa da saukar muryar Hausa, sai ya yi magana ba tare da an buɗe baki ba.

Sai a yi shiri tun da rana: a haɗa wani gajeren take da abin da ake so a gani, a ce kasuwa, a maimaita har su manne a zuciyar mutumin. Da dare a buga taken na daƙiƙa biyu ko uku, a yi shiru kamar rabin minti, a sake. Idan ya juya ko numfashinsa ya canza, a dakata. Kuskuren almajiri a labarinki shi ne ya buga wa mai barci takensa na kirari ko ya kira sunansa, don kunne ya fi saurin amsa suna ko a cikin barci. Ƙarar janareton maƙwabta ma tana danne sauti mai laushi.

Malama Kongo:
Ƙanwata, ki sa wa sana'ar iyaka, masu karatunki za su tambaya. Hadisi ya kasa mafarki uku: bushara daga Allah, tsoratarwa daga Shaiɗan, da zancen zuci. Makaɗinki na ukun kawai yake taɓawa, kada ki ba shi sanin gaibu.

Idan kina son mai barci ya ba da amsa, akwai madogara. A binciken da aka wallafa a 2021, na mutum 36 a Amurka, Faransa, Jamus da Holan, an tambayi wani da ya san mafarki yake yi: 8 a ɗebe 6? Ya juya ido hagu da dama sau biyu. Amma amsa daidai ba ta kai ɗaya cikin biyar na tambayoyin ba, yawanci shiru aka samu. Kuma a tashi mutumin nan take ya faɗi abin da ya gani, in an bari har gari ya waye zai manta yawancinsa.