Kujerar OBC da wa'adin da ya wuce: kotun Indiya za ta iya taimakawa?

Ɗalibi_a_Pune: Salamu alaikum 'yan uwa. Abokina ɗan Indiya ya ci NEET, jarrabawar shiga karatun likitanci a Indiya, aka ba shi gurbin likitanci a kason OBC, wato kason da ake ware wa al'ummomin da aka bari a baya. Sai dai takardar shaidarsa ta OBC ta tsohuwar shekara ce, sabuwar kuma ba ta fito ba har wa'adi ya cika. Kwalejin ta hana shi rajista. Ya garzaya kotu ko ya haƙura?

Yaya_Lauya: Wa alaikumus salam. Ya tafi, amma kada ya saka rai sosai. Kotun Ƙolin Indiya ba ta son taɓa wa'adin shiga, domin kujera ɗaya in ta motsa, jerin mutane ne ke motsawa. Abin da zai taimake shi shi ne rasit da ke nuna ya nemi takardar tun kafin wa'adi, jinkirin daga ofis ne. Ya nemi lauya yau, kafin a ba wani gurbin.

Dakta_M: Ƙannena, ku tuna 2021. Gwamnati ta saka kashi 27 na OBC da kashi 10 na EWS (masu ƙaramin ƙarfi) a kason ƙasa baki ɗaya, aka kai ƙara, rabon gurabe na NEET-PG (jarrabawar ƙaro karatu ta likitoci) ya tsaya cak. Likitoci suka yi zanga-zanga a Delhi, sai Janairun 2022 kotu ta amince da kashi 27 ɗin.

Ɗalibi_a_Pune: Yaya Lauya, rasit ɗin yana hannunsa, da hatimin ofis.

Yaya_Lauya: To madalla. Ya roƙi kotu ta riƙe masa kujerar tukuna.